Kuɗin yuraniyom na Arlit: ina zamba, ina sakaci, ina yarjejeniyar danniya?

Tun ranar 19 ga Yunin 2025, da gwamnatin Nijar ta ba da sanarwar mayar da kamfanin SOMAÏR na Arlit mallakar ƙasa, maganar kuɗin yuraniyom ta sake cika gidajen rediyo da zaman fada, daga Arlit da Akokan har Agadas da Yamai. Wani ya ce Faransawa sun yi shekara hamsin suna sata. Wani ya ce a'a, manyanmu ne suka cinye. Wani kuma ya tuno da sefa miliyar 200 da aka ce sun yi ɓatan dabo a 2011. Kowanne daga cikin waɗannan zantuka yana da tushe, sai dai abubuwa ne daban-daban ake curewa wuri guda, kuma muddin ba a rarrabe su ba, mai laifi zai fake a bayan mai sakaci, mai sakaci kuma ya fake a bayan baƙo.

Kalmomi uku da ake cakuɗawa

Zamba a harkar kamfani ita ce yaudara da gangan don a karkatar da dukiya: a shirya cinikin bogi, a rubuta lissafin ƙarya, ko a ba jami'i cin hanci ya sa hannu a inda bai kamata ba. Laifi ne da kotu ke hukuntawa, kuma ba ya tabbata sai da hujja.

Yarjejeniyar danniya kuwa ita ce wadda aka sa wa hannu da rana tsaka, doka ta amince da ita, amma ɓangare ɗaya ya kwashe kaso mafi tsoka saboda ya fi ƙarfi ko ya fi sanin kan kasuwa. Tana iya cutar da ƙasa fiye da zamba, amma ba wanda za a ɗaure a kanta.

Na uku shi ne gazawar shugabancin kamfani. Kowane babban kamfani yana da kwamitin gudanarwa, wato wakilan masu hannun jari da ke sa ido a kan babban darakta, yana kuma da masu binciken kuɗi da ke tantance lissafin shekara. Idan waɗannan suka yi barci, ko aka ɓoye musu takardu, ko suka zama 'yan amshin shata, to shugabanci ya gaza ko da ba a saci ko dala ba. Wannan na ukun shi ne ƙofar da sauran biyun ke shigowa ta cikinta, kuma shi ne aka fi mantawa da shi a muhawarar Arlit.

Yadda aka gina kamfanonin

An kafa SOMAÏR a 1968, ya fara haƙa a 1971, kuma saboda shi ne garin Arlit ya tsiro a cikin hamada, kimanin kilomita 250 arewa da Agadas. COMINAK ya biyo baya a 1974, ya fara fitar da yuraniyom daga ramin ƙarƙashin ƙasa na Akuta a 1978, garin Akokan ya girma a gefensa. Duka biyun kamfanonin Nijar ne a kan takarda, amma a tsawon shekarun haƙar, babban mai jari kuma mai tafiyar da aiki shi ne kamfanin gwamnatin Faransa wanda ya sauya suna sau da dama: Cogema, sannan Areva daga 2001, sannan Orano daga 2018. A SOMAÏR, kafin sanarwar 2025, Orano na da kashi 63.4 cikin ɗari, Nijar na da 36.6. Hannun jarin Nijar yana hannun SOPAMIN, kamfanin gwamnati da aka kafa a 2007 ya gaji ONAREM.

Akwai wani abu a tsarin nan da ya kamata mai karatu ya riƙe. A wancan lokaci, SOMAÏR da COMINAK ba sa kai kayansu kasuwa su nemi wanda ya fi tayi. Masu hannun jari ne ke sayen garin yuraniyom ɗin, a kan farashin da aka tsayar da yarjejeniya. Ke nan babban mai kamfanin shi ne babban mai sayen kayan kamfanin. Idan farashin ya yi ƙasa, ribar da ake gani a Arlit ta ragu, harajin Nijar ya ragu, amma uwar kamfanin tana iya mayar da abin da ta rasa a can gaba, inda take sarrafa kayan tana sayarwa. Shi ya sa faɗan farashi ya zama faɗan kowace gwamnati. A 2007, gwamnatin Tandja Mamadou ta kori wakilin Areva daga ƙasar, ta kuma matsa har farashin kilo ya tashi daga sefa 27,300 zuwa 40,000, sannan 55,000 a 2008.

Cinikin dala miliyan 320

A Fabrairun 2017, jaridar Le Courrier ta Yamai ta buga takardun da ke nuna cewa a ƙarshen 2011 an tura dala miliyan 319.8, kimanin sefa miliyar 200, daga wani asusun SOPAMIN a bankin BNP Paribas na Paris zuwa asusun kamfanin Optima Energy Offshore a Dubai. Sa hannun da ke kan umarnin biyan na Hassoumi Massaoudou ne, wanda a 2011 shi ne daraktan fadar Shugaba Mahamadou Issoufou, a 2017 kuma ministan kuɗi. 'Yan jarida suka laƙaba wa lamarin suna Uraniumgate, wato badaƙalar yuraniyom.

Jama'a da dama sun fahimci labarin a matsayin an kwashe miliyar 200 daga baitulmalin Nijar an kai Dubai. Abin da takardun suka nuna ya fi haka sarƙaƙiya. Ciniki ne mai kewaye. Areva ta sayar da kimanin tan 2,500 na yuraniyom ga wani kamfanin Rasha mai suna Energo Alyans. Shi kuma ya sayar wa Optima, kamfanin da ke da rajista a Labanan. Optima ya sayar wa SOPAMIN. SOPAMIN ya mayar wa Areva. A kowane zango farashi na hawa. Kamar mai saniya ne ya sayar da ita da safe, ta bi hannun dillalai uku ba tare da an kwance ta daga turke ba, da yamma ya sake sayen abarsa da tsada. Duk wanda ya ji haka zai tambayi abin da dillalan suka yi har suka cancanci wannan la'ada, da kuma wanda ya turo su.

Rahotannin jaridun Faransa sun ce Energo Alyans ya fita da ribar dala miliyan 82, Optima da miliyan 17.6, kuma kamfanin na Rasha ya ɓace bayan cinikin. Areva ta bayyana cewa ciniki ne na kasuwanci da aka ƙulla da fatan wata babbar kwangila da ba ta tabbata ba, ta kuma amsa cewa ta yi asarar kimanin dala miliyan 18. Massaoudou ya kira taron 'yan jarida ya ce Areva ce ta nemi SOPAMIN ya shiga tsakani, cewa kuɗin da aka tura ba na Nijar ba ne, kuma ƙasar ta samu la'ada wadda aka saya wa rundunar tsaron shugaban ƙasa motoci da ita. La'adar ba ta kai ko kashi ɗaya cikin ɗari na kuɗin cinikin ba.

Majalisar dokoki ta kafa kwamitin bincike a Maris na 2017. Cikin 'yan makonni ya miƙa rahoto yana cewa yuraniyom ɗin ba daga ma'adinan Nijar ya fito ba, kuma ba a taɓa kuɗin ƙasa ba. 'Yan adawa suka yi watsi da rahoton, suka ce an yi shi cikin gaggawa don a wanke na wankewa. Ƙungiyoyin farar hula suka kai ƙara kotu a Yamai. A Faransa kuwa, ofishin mai gabatar da ƙara kan laifuffukan kuɗi ya fara binciken share fage tun 2015, a 2020 ya miƙa lamarin ga alƙalan bincike bisa zargin ba jami'in wata ƙasa cin hanci, cin amanar dukiyar kamfani da halatta kuɗin haram. Buɗe bincike ba hukunci ba ne, kuma adalci ya hana a kira kowa ɓarawo kafin kotu ta faɗa.

Amma ko da an karɓi bayanin gwamnatin wancan lokaci ɗungurungum, akwai tambayoyin shugabanci da suka tsaya cak. SOPAMIN yana da babban darakta da kwamitin gudanarwa. Me ya kawo sa hannun jami'in fadar shugaban ƙasa a kan asusunsa? Kamfanin da ke riƙe da amanar hannun jarin 'yan Nijar, ta yaya ya ara sunansa ga cinikin da ya ninka ƙarfinsa, da abokan hulɗar da ba a san tarihinsu ba? La'adar da aka samu, me ya hana ta bi ta baitulmali da kasafin da majalisa ke amincewa da shi? Kuma me ya sa sai bayan shekara biyar, ta hanyar jarida, 'yan ƙasa suka ji labari? A ganina waɗannan sun fi maganar miliyar 200 nauyi, domin suna nuna cewa ana iya juya kamfanin gwamnati daga sama ba tare da wani ya ce uffan ba.

Ɓarakar da ke cikin gidan Areva

Masu ganin cewa rashin tsari ciwon Afirka ne kawai, sai su dubi abin da ya faru a Paris. A 2007, ƙarƙashin shugabancin Anne Lauvergeon, Areva ta sayi wani kamfani mai suna UraMin a kan dala miliyar 2.5, saboda filayen yuraniyom da yake da su a Namibiya, Afirka ta Kudu da Jamhuriyar Afirka ta Tsakiya. Filayen ba su ba da abin da aka yi alkawari ba. Zuwa ƙarshen 2011 kamfanin ya share sama da yuro miliyar 1.5 daga darajarsu a littattafansa, a 2016 kuma alƙalan bincike suka tuhumi Lauvergeon da gabatar da lissafin da ba daidai ba. A 2014 kaɗai Areva ta yi asarar yuro miliyar 4.8, har sai da gwamnatin Faransa ta zuba kuɗin jama'arta ta raba kamfanin, daga nan Orano ta fito.

Wannan ya shafi jihar Agadas kai tsaye. A Janairun 2009 Areva ta karɓi lasisin Imuraren, ɗaya daga cikin manyan filayen yuraniyom na duniya, da alkawarin fitar da tan 5,000 a shekara. Sai hatsarin Fukushima na Maris 2011 ya karya farashi, wanda ya taɓa haura dala 130 kan kowace laba a 2007 ya faɗo ƙasa da dala 20 a 2016. A 2014 aka dakatar da aikin, aka sallami ma'aikata. Kamfanin ya ɗora laifin a kan kasuwa, kuma kasuwar ta faɗi da gaske. Sai dai kamfanin da ya ƙona dukiyarsa a UraMin da ginin tashar nukiliya ta Finland da ta ƙi ƙarewa, bai da sauran ƙarfin jure faɗuwar kasuwa. Matasan Arlit da Agadas da suka sa rai da Imuraren sun biya wani kaso na kuskuren da aka tafka a ɗakin taron da ba su da wakili a cikinsa.

Abin da doka ta halatta

Asara mafi girma ba ta cikin badaƙala. A 2013, Oxfam da ƙungiyar ROTAB ta Ali Idrissa suka fitar da rahoton da ya ƙiyasta cewa daga fara haƙa zuwa 2010, abin da ya shiga hannun Nijar bai wuce kashi 13 cikin ɗari na darajar yuraniyom ɗin da aka fitar ba. Areva ta musanta wannan lissafi, tana cewa mafi yawan kuɗin yana tafiya ne a tsadar haƙa, kuma daga abin da ya saura Nijar ce ke ɗaukar kaso mafi yawa ta hanyar haraji da ribar jari.

Dokar ma'adinai ta 2006 ta tanadi harajin haƙa mai hawa daga kashi 5.5 zuwa 12, gwargwadon ribar kamfani, ta kuma ware kashi 15 na kuɗin shigar ma'adinai ga ƙananan hukumomin jihar da ake haƙa a cikinta. SOMAÏR da COMINAK sun ci gaba da aiki da tsofaffin yarjejeniyoyinsu har suka ƙare a ƙarshen 2013. Bayan dogon ja-in-ja da zanga-zanga a Yamai da Arlit, aka sa hannu a sabuwar yarjejeniya ranar 26 ga Mayun 2014: za a yi aiki da dokar 2006, za a naɗa 'yan Nijar manyan daraktocin kamfanonin biyu, Areva za ta ba da yuro miliyan 90 don gyaran hanyar Tawa zuwa Arlit da miliyan 17 don noma a kwarin Irhazer. An yi murna. Amma a cikin wannan yarjejeniya aka ɗaura farashin sayen yuraniyom da farashin kasuwar duniya, a daidai lokacin da kasuwar ke gangarowa. Wani rahoto na Oxfam da abokan aikinta a 2017 ya nuna harajin haƙar ya ragu maimakon ya ƙaru, kuma Nijar da ke ba Areva kusan kashi 30 na yuraniyom ɗinta tana samun kashi 7 ne kacal na abin da kamfanin ke biyan ƙasashen da yake haƙa. Gaskiya ne haƙa a Kazakistan ta fi araha nesa ba kusa ba, don haka ribar can da harajinta sun fi yawa. Amma wannan bai share tambayar wanda ya lissafa wa Nijar sakamakon sabon farashin kafin a sa hannu ba.

Kashi 15 ɗin ƙananan hukumomi kuwa, ba Faransa ce ke riƙe shi ba. Daga baitulmalin Yamai yake fitowa, kuma zaɓaɓɓun jihar Agadas sun sha kokawa da bashinsa da ke taruwa shekara da shekaru.

Me ya sa ba a tsawata ba

Dalili na farko rufa-rufa ce. Kundin tsarin mulkin 2010, a sashe na 150, ya wajabta buga kwangilolin ma'adinai da kuɗin da kowane kamfani ya biya a jaridar gwamnati. Tanadi ne mai kyau ƙwarai, amma ƙungiyoyin farar hula sun daɗe suna ƙorafin ba a cika shi. Masu matsawa a kan haka sun sha tsarewa. A Oktoban 2017, shirin duniya na bayyana kuɗaɗen ma'adinai, wanda a Nijar aka sani da ITIE, ya dakatar da ƙasar saboda takura wa farar hula, gwamnati ta fice daga cikinsa, ba ta koma ba sai 2020.

Na biyu shi ne rashin daidaiton sani. Wanda ke riƙe da awon ma'adini, lissafin tsadar haƙa da hanyar kasuwa, shi ke riƙe da teburin ciniki. Nijar tana da ƙwararrun injiniyoyi, Issoufou kansa tsohon babban jami'in SOMAÏR ne, amma SOPAMIN bai gina ƙarfin sayar da kasonsa da kansa a kowane yanayi ba. Na uku, gwamnati ta haɗa hula uku a kai ɗaya: ita ce mai hannun jari da ke son riba, ita ce mai karɓar haraji, ita ce kuma mai sa ido kan lafiya da muhalli. Na huɗu, rabuwar uwar kamfani da reshenta tana ba da mafaka. A 2012 wata kotun Faransa ta ɗora wa Areva alhakin mutuwar wani tsohon ma'aikacin COMINAK Bafaranshe da sankarar huhu ta kashe, amma a 2013 kotun ɗaukaka ƙara ta soke hukuncin, bisa hujjar cewa COMINAK ne ya ɗauke shi aiki, ba Areva ba. Idan haka ta faru da iyalin da ke da lauya a Paris, sai a auna halin lebura ɗan kwangila a Akokan.

Bayan juyin mulkin 2023

Da sojoji suka karɓi mulki ranar 26 ga Yulin 2023 ƙarƙashin Janar Abdourahamane Tiani, iyakar Benin ta rufe, hanyar Kwatano da ake fitar da yuraniyom ta toshe. A Yunin 2024 aka ƙwace lasisin Imuraren, a Yuli aka ƙwace na Madawela daga kamfanin GoviEx na Kanada. A Disamba Orano ta ce SOMAÏR ya fita daga ikonta, sannan sanarwar Yunin 2025 ta zo.

Hujjar gwamnati ita ce tun 1971 ɓangaren Faransa ya ɗebi kashi 86.3 na abin da SOMAÏR ya haƙo, alhali jarinsa kashi 63.4 ne. Orano kuma tana cewa an ƙwace mata dukiya ba bisa ƙa'ida ba, kuma akwai shekarun faɗuwar farashi da SOPAMIN bai ɗauki kasonsa ba. Ta kai ƙara kotun sasanta rikicin jari ta Bankin Duniya, wadda a Satumban 2025 ta umarci Nijar kada ta sayar da yuraniyom ɗin da ake jayayya a kansa. Gwamnati ta ce haƙƙinta ne ta sayar wa wanda ta ga dama. Akwai ra'ayi na uku, na waɗanda ke goyon bayan ƙasa ta riƙe arzikinta amma suna tambayar wa zai duba littattafan yanzu. Tambaya ce da ta cancanci amsa, domin an jingine kundin 2010 tare da sashensa na 150, babu zaɓaɓɓiyar majalisa, kuma SOPAMIN shi ne kamfanin da aka ari sunansa a 2011. Sojojin sun kafa hukumar COLDEFF don ƙwato dukiyar ƙasa, sai dai ƙwato abin da ya riga ya ɓace daban, tsarin da zai hana ɓacewa daban. Darasin SOMINA ma yana nan: kamfanin haɗin gwiwa da Sin a Azelik, kusa da Ingal, wanda ya tsaya da aiki wajen 2015 bayan 'yan shekaru kaɗan. Sauya abokin hulɗa bai kawo gyara da kansa ba.

Abin da zai iya biyo baya

Yuraniyom ba zinariya ba ne da za a sa a jaka. Masu sayensa 'yan ƙalilan ne, hukumar makamashin nukiliya ta duniya tana sa ido a kan safararsa, kuma kayan da ke da shari'a a kansa manyan kamfanoni kan guje shi. Wannan yana iya tura Nijar hannun 'yan tsakiya masu neman ragi mai yawa a asirce, irin yanayin da ya haifi Energo Alyans da Optima. Maganinsa sananne ne: a buga sunan mai saye, yawan tan da farashi, kuɗin ya shiga baitulmali, kotun binciken kuɗin ƙasa ta tantance lissafin SOPAMIN da SOMAÏR kowace shekara ta fitar wa jama'a, a kuma ba ƙananan hukumomin Arlit da ƙungiyoyin ma'aikata damar ganin takardu.

Sannan akwai bashin da ke kwance a ƙasa. COMINAK ya rufe ranar 31 ga Maris 2021 bayan ya fitar da kimanin tan 75,000, ya sallami ma'aikata kusan 600, ɗaruruwan 'yan kwangila kuma suka fita ba tare da irin haƙƙin da aka ba ma'aikatan dindindin ba. Ya bar kusan tan miliyan 20 na tarkace mai tururin guba a gefen Akokan. Ƙungiyar Aghirin'man ta Almoustapha Alhacen, tare da ɗakin binciken CRIIRAD na Faransa, tun 2003 suke auna ruwa, ƙura da tsofaffin ƙarafan da ake sayarwa a kasuwar Arlit, suna gargaɗi. Orano ta yi alkawarin rufe tarkacen da gyara wurin a kan kimanin yuro miliyan 150 cikin shekara goma. Yanzu da ɓangarorin biyu ke gaban kotu, kowannensu yana da dalilin tura wa ɗayan wannan nauyi, kuma SOMAÏR ma yana da nasa tarkacen da ranar rufewarsa. Duk sulhu ko hukuncin da za a yi tsakanin Yamai da Orano, ya kamata ya ambaci wanda zai biya wannan gyara, da adadin kuɗin, da asusun da za a ajiye su, da wanda zai ci gaba da auna ruwan rijiyoyin Arlit da Akokan.